Ranar da Madam Wini Ta Gyara Ɗaurin Zani

Ranar Asabar ɗin da ta wuce muna shan shayi a kicin ɗin gidanmu na unguwar Fallowfield a Manchester, sai Bilkisu, wadda ta zo karatu daga Kano bara, ta dube ni ta ce, "Yaya Balaraba, don Allah ki nema mini part-time a wajen aikinku mana. Ba zuge wa Turawa zif kawai kuke yi ba? Ai ko ido a rufe zan yi." Sauran 'yan matan suka yi dariya, wata ta ce ita ma a sa sunanta, tunda ga kallon wasa kyauta. Ni bakina ba ya sauri, sai na koma ɗaki amsa take zuwa mini. Shi ya sa na zauna na rubuta.

Aikina shi ne shirya 'yan wasan kwaikwayo mata a bayan labule. Idan 'yar wasa ta fita daga dandamali da kayan barci, jim kaɗan ta dawo da kayan fita unguwa, to akwai wadda ta tsaya a cikin duhu ta cire mata wancan ta sa mata wannan. Ni ce. Kuma na san wata mata da ta shafe rayuwarta tana wasa a kan dandamali, wadda aka yi lokacin da ci gaban sana'arta ya rataya a kan ko siket ɗaya zai hau jikinta kafin wani ya gama magana. Labarinta zan ba ku, amma sai kun fara sanin aikin.

Aikin farko da aka ba ni guga ne. Na zo Manchester karatun tarihin saƙa da rini, karatun ya yi tsawo, na nemi abin yi a wani gidan wasa da ke cikin gari. Shugabar ɗakin tufafi wata dattijuwa ce mai suna Morin, gajeriya, tabarau rataye a wuya, kullum da fil a bakinta. Ta kasa faɗin sunana, ta yanke shi ya koma Bala. Na gaya mata wannan sunan maza ne a wajenmu, ta ce to ai maza ma suna guga. Ta nuna mini tulin fararen riguna da dutsen guga ta tafi. Da na gama ta ɗaga ɗaya a gaban fitila, ta nuna mini layin da na fitar a hannun riga, ta ce mutumin da zai sa wannan a wasan talaka ne, ba shi da mai yi masa guga. Na sake jiƙa su duka na murje layin. A ranar na koyi cewa a wannan sana'a ba kyau ake nema ba, gaskiyar mutumin da ke cikin labari ake nema. Akwai rigar da na wuni ina tsufar da ita da ruwan shayi da takardar goge katako.

Kayan aikinmu duk a jiki suke. Akwai ɗan bante mai aljihuna da muke ɗaurawa a ƙugu. A jikinsa ake soke allurai da aka riga aka zura wa zare, baƙi da fari, don a cikin duhu ba a neman kafar allura. Akwai fil mai kulle, da ƙaramin almakashi a ɗaure da igiya don kada ya faɗi ya yi ƙara, da cokalin sa takalmi, da ƙaramar tocila da ake riƙewa da haƙora saboda hannu biyu suna aiki. Tufafinmu baƙaƙe ne tun daga kai har ƙafa, takalmi kuma mai tafin roba. Hijabina baƙi ne gajere, ina cusa shi cikin riga, ba na sa masa fil tun ranar da fil ɗin ya kama gashin kanti na wata 'yar wasa muka kusa shiga dandamali tare. Salla kuwa a ɗakin ajiyar kaya nake yi, tsakanin rigunan sojoji da na amare. Morin ce ta matsar da wani akwati ta fitar mini da wurin, ba ta taɓa yin maganar ba.

Sai da na daɗe a wanki da guga kafin ta bar ni na tsaya a gefen dandamali. Can ne ake sauyin gaggawa. Wani sauyin, kafin ki karanta Fatiha an gama shi. Ana jera kaya a kan kujera a juye, abin da za a sa a ƙarshe shi ne a ƙasa. Siket a ƙasa ake shimfiɗa shi a buɗe kamar bakin rijiya, 'yar wasa ta taka ciki, ki ja shi sama. Ba a magana. 'Yar wasa ba ta taimaka miki, domin hannu huɗu a kan maɓalli ɗaya rigima ce. Tsayawa take yi kamar itace tana maimaita maganarta ta gaba a zuci. Idan kin gama sai ki dafa kafaɗarta sau ɗaya, ta wuce. Morin takan ce ranar da 'yan kallo suka san da ke, ranar kin yi kuskure.

A wani wasan hunturu aka fara haɗa ni da Madam Winifred, wadda kowa ke kira Wini. Doguwa ce, farin gashi, murya kamar ta mai kiran kasuwa, ga dariya. Ta fara wasa tun kafin a haifi mahaifiyata, a cikin 'yan ƙungiyoyin da ke yawo gari gari da kayansu a bayan mota. Ta ce shekarunta na farko duk a shigo da tire da fita da tire suka ƙare, domin matsayin 'yar aiki ake ba ta. Daga baya ta yi sarauniya, ta yi mayya, ta yi alƙaliya. A fim kuma ta yi nas, ta yi maƙwabciya mai leƙe ta taga, ta yi uwar ɓarawo har ba ta san iyaka ba. Ta ce ta mutu a fim fiye da yadda ta yi aure. Ba irin waɗanda ake buga hotonsu a jikin bas ba ce. Irin waɗanda ake gani a ce an san fuskar ce. Wata rana muna cikin bas a titin Wilmslow wata mata ta zura mata ido har Rusholme, sannan ta matso ta tambaye ta ko ita ce mai karɓar baƙi a wajen GP ɗinsu, wato likitan unguwa. Madam ta ce ƙwarai, kuma likita ya ce ta rage gishiri.

A wannan wasan ne gefen rigarta ya ɓarke ana saura kaɗan ta shiga. Morin ta ce in ɗinke a jikinta. Na zaro allura, sai hannuna ya tsaya. Kakata ta sha dukan hannuna a kan wannan, takan ce mai ɗinke tufa a jiki tsiya yake ɗinke wa kansa. Na san camfi ne, amma hannu bai sani ba. Na kama wurin da fil uku ta shiga. Da aka tashi ta tambaye ni dalili, na faɗa mata ina kallon ƙasa, ina jiran dariya. Ba ta yi ba. Ta ce su ma a gidan wasa ba a yin fito da baki, ba a yi wa mai shiga dandamali fatan sa'a, ba a ajiye takalmi a kan tebur, kuma duk cikinsu babu mai hujjar da ta kai ta kakata. Tun daga ranar, duk wanda ya nufo ta da allura sai ta ɗaga hannu ta ce, "Kakar Bala ta hana." Daga nan ta fara neman a ba ta ni duk inda za ta yi wasa a Manchester.

Na bi ta aikin fim sau ɗaya lokacin hutun jami'a. A wani tsohon titi aka ɗauka, ana ruwa. Abin da za ta yi kawai shi ne ta fito daga shago, ta ɗaura ɗan gyale a wuya, ta kalli sama. Mun wuni a kai. Aikina shi ne duk lokacin da aka maimaita, ƙullin gyalen ya zauna inda ya zauna ɗazu, jiƙewar kafaɗar kot ɗin kada ta ƙaru kada ta ragu. Ina riƙe da na'urar busar da gashi a hannu ɗaya, gorar fesa ruwa a ɗaya. Da fim ɗin ya fito, wurin bai kai tsawon atishawa ba. Madam ta ce fim shi ke biyan kuɗin wuta, amma dandamali ne ke sa mutum ya san yana raye.

Sai shekarar annoba ta zo aka rufe gidajen wasa gaba ɗaya. Mun bar riguna a rataye da sunayen masu su, muna cewa sai mako mai zuwa. Ni da Morin muka koma ɗinka rigunan ma'aikatan asibiti, kowa a ɗakinta, ana zuwa ana karɓa a bakin ƙofa. Da yawa daga abokan aikinmu sun koma rarraba kaya a mota, kuma ba su dawo ba. Madam ta mai da kabad ɗin kayanta wurin ɗaukar murya, tana zama a tsakanin kot-kot tana karanta littattafai ana naɗa. A cikin shekarar ta yi jinya mai tsawo. Ta tashi, amma kafaɗarta ta dama ta ƙage, hannun ba ya wuce ƙirji, gwiwa ɗaya kuma ba ta yarda ta tsaya a kanta ita kaɗai.

Da aka buɗe, wani gidan wasa a Birmingham ya kira ta babban matsayi, irin wanda ta ce ta jira tun tana shigo da tire. Labarin wata gwauruwa ce ta zamanin da, wadda ɗanta ya sayar da gidansu tana kwance ba lafiya. A ƙarshen wasan takan tashi daga gado da rigar barci, ta fita, ɗan ya tsaya yana yi wa lauya dogon bayani, sannan ta dawo cikin doguwar rigarta ta alfarma ta tsaya a gabansa. Tsawon bayanin ɗan shi ne lokacin da muke da shi. Madam ta ce ba za ta je ba sai da ni da Morin. Na sauka a unguwar Perry Barr, gidan Gwaggo Mairo, ƙanwar mahaifina, wadda take aikin akanta a can.

Rigar ta ƙi. Ta kai ba ta shiga saboda kafaɗa. Ta ƙasa ba ta shiga, domin taka bakin siket a cikin duhu yana bukatar tsayuwa a ƙafa ɗaya, kuma a gwaji na biyu sai da na tare ta da ƙirjina. Morin ta tsaga rigar ta baya ta sa irin maɗaurin takalmin yara mai mannewa, amma ƙararsa har kujerun baya ana ji. Ta sa maganaɗisu a madadin maɓalli. Wannan ya yi shiru, sai dai da Madam ta jingina da teburin dandamali ta miƙe da cokula biyu manne a ƙugunta. An yi dariya, har ita. Daraktan wasan bai ɓoye mata komai ba. Ya ce akwai wasan rana da za a yi da 'yan kallo kafin buɗewa ta sosai. Idan a ranar ta makara ko ta faɗi, zai ba wa ta ko-ta-kwana, wato 'yar wasan da ake ajiyewa ta haddace matsayin saboda irin haka. Madam ta ce gaskiyarsa. A hanyar fita ta gaya mini cewa a shekarunta, wadda aka sauke sau ɗaya ba a sake kiranta.

A wannan makon aka yi sunan jikar Gwaggo. Da ta ji ina aiki da tsohuwar da ba ta da kowa a garin, ta ce in taho da ita. Madam ta zo da furanni, ta tarar da falo cike da mata cikin anko, atamfa ruwan goro. Gwaggo ta ce ba a zama a gidanta ranar suna ba anko. Aka ɗauko zani, Madam tana tsaye da rigarta, Gwaggo ta zagaya mata shi, ta ja, ta soke a ƙugu, aka ɗaura mata ɗankwali, aka yafa mata gyale. Mata suka yi guɗa. Madam ta yi taku biyu sai Gwaggo ta ce, "Haba Madam, ki daina tafiyar soja, zani ne a jikinki." Ta nuna mata gajeren taku. Ta ƙara da cewa, "In kika ji ya yi sako-sako, kada ki damƙe shi kamar marar gaskiya. Ki tsaya, ki buɗe kaɗan, ki ja, ki soke. Mu da haka muke shiga faɗa." Ta gwada mata, ta ƙare da riƙe ƙugu. Falon ya ɗauki shewa.

Muna cin waina Madam ta ajiye cokali ta kalle ni. Ta ce, "Bala, ban ɗaga hannu ba. Ban ɗaga ƙafa ba."

Washegari muka kai wa Morin zanin. Ta juya shi, ta sa na ɗaura na kwance a gabanta har ta gane inda nauyin yake zama. Ta raba rigar gida biyu. Saman za a sa shi tun farko a ɓoye a ƙarƙashin rigar barci. Ƙasan ta warware shi ya zama shimfiɗaɗɗen ƙyalle, ta jera masa tattara ta yadda idan an naɗa ba mai cewa ba siket ba ne. Yadin ya fi atamfa nauyi da santsi, don haka ta sa igiya ta ciki da zan ƙulla a baya bayan na soke. Ta so a riƙa kama bakin da zare don ƙarin tsaro, Madam ta ɗaga hannun hagu ta ce kakar Bala ta hana. A gwaji abin ya tafi daidai, har da ɗan sauran lokaci. Darakta ya ce yana son sabon takunta, ya fi kama da na mai tashi daga jinya.

Ranar wasan rana Gwaggo ta zo da ƙawayenta, suka cika layi guda a tsakiya, ɗankwalayensu sun tsare wa na baya kallo. Ina tsaye a gefe, tocila a baki, siket a buɗe a hannuwana. Madam ta fito, na zame rigar barci, na zagaya ƙyallen, na ja, na soke. Ina kai hannu ga igiyar sai na ji mai wasan ɗan ya faɗi jimlar ƙarshe ta bayaninsa. Ya tsallake tsakiyar gaba ɗaya. Yakan faru, ko ga ƙwararru. Dandamali ya yi tsit, ana jiran uwa. Ban dafa kafaɗarta ba, domin ban gama ba. Ita ta dafa tawa, ta wuce.

Daga inda nake ina ganin igiyar tana lilo a bayanta. Ta yi takunta gajere har tsakiyar dandamali. Ta fara magana, ta juya wajen lauya, ta juyo, na ga bakin da na soke ya fara zamewa. Saura maganar da duk wasan ya ginu a kanta, inda uwar za ta ce wa ɗan ba ta fita daga gidan.

Madam ta tsaya. Ta kalli ɗan tun daga sama har ƙasa. Ba gaggawa ta sa hannu ta buɗe bakin siket ɗin kaɗan, ta ja shi ya zauna, ta soke da ƙarfi, ta riƙe ƙugu da hannun hagu. Turawan da ke zauren suka yi shiru, suna ganin gwaninta. Daga tsakiya kuwa sai aka ji muryar Gwaggo, ba ta ko rage ta ba: "Yau ka shiga uku, yaro." Layin nan gaba ɗaya ya fashe da dariya, sauran zauren suka bi su ba tare da sun san dalili ba. Madam ta jira dariyar ta kwanta, kamar yadda ta iya tun tana shigo da tire, sannan ta faɗi maganarta a hankali. Ba a sake jin ko tari ba har aka ja labule.

Darakta ya same mu a ɗakin shiri. Ya tambayi Madam wa ya koya mata wannan abin da ta yi da siket, ta ce wata akanta ce a Perry Barr. Ya ce a bar shi a wasan kullum. Saboda haka har aka gama wasannin ina ƙulla igiyar ciki, ina kuma barin bakin waje sako-sako da gangan don ta sami abin gyarawa. Ta ko-ta-kwana ba ta hau ba ko sau ɗaya. Ita ce ma ta roƙi Gwaggo ta koya mata ɗaurin, saboda wata rana. Madam tana aiki har yanzu. A bazarar nan za ta dawo Manchester, kuma ta riga ta aiko a gaya wa Morin irin siket ɗin da take so.

To Bilkisu, kallon wasa kyauta babu shi. Wasan nan na Birmingham ban taɓa ganinsa daga gaba ba, bayan Madam kawai na sani da gefen fuskar lauya. Amma idan har yanzu kina so, Morin tana neman mai guga. Ki zo ranar Litinin da baƙaƙen kaya da takalmi marar ƙara, ki cire fil daga hijabinki. Zif kuwa, sai kin shekara ba a bar ki kin taɓa shi ba.